Fayilolin da Suka Ƙare da So

A bazarar da Baba ya fara mantuwa, ina jin ni kaɗai ce a ƙauyenmu mai roƙon Allah ya jinkirta ruwa. Mutane na fita suna duban gabas da fatan ganin hadari, ni kuwa da gajimare ya yi duhu sai in hau addu'ar ya watse. Ban gaya wa kowa ba, don duk wanda ya ji zai ce boko ya taɓa yarinyar nan.

Gona ce dalili. Kakanmu ya bar gona ɗaya, Baba da wansa, wato Baffa, suka raba ta da baki tun ba a haife ni ba. Ba takarda, ba shaida sai su biyu da Allah. A wajenmu gonaki manne suke da juna kamar ɗakunan gida ɗaya. Layin gamba ne iyaka, gamba kuwa akuya na ci, wuta na ci, garma na turewa. Bayan rasuwar Baffa, babban ɗansa ya ce shi dai abin da ya tashi ya sani, iyaka a gindin ɗorawa take. Ba da rigima ya zo ba, sai da ya durƙusa ya gaida Inna sannan ya faɗa. Amma in iyaka a ɗorawa take, kwarin da ke ba mu dawar da muke ci har wata kaka ya fita daga hannunmu ke nan, sai jigawa ta rage mana. Mai unguwa ya ce Baba ya taka iyaka a gaban shaidu, ya faɗa da bakinsa, kafin ruwan shuka. In ruwa ya sauka kowa zai jefa iri inda yake ganin nasa ne, kuma abin da aka shuka ba a tone shi.

Da safe, in ya sha koko, Baba garau yake. Zai ba ka labarin wanda ya haƙa kowace rijiya a unguwar. Da hantsi ya dubi ludayi sai abin ya fara zamewa. Sunan mahaifiyarsa aka sa mini, saboda haka tun ina goye yake kirana Uwata. A da wasa ne, har Inna kan ce, "To uwarka ta ƙi yin wanke-wanke, ka yi mata magana." A wannan shekarar ne wata rana ya dube ni tsakani da Allah ya ce, "Uwata, Yaya bai dawo daga kiwo ba har yanzu?" Baffa ya shekara uku a ƙasa. Na ce masa yana hanya, na shiga ɗaki na rufe ƙofa.

Lokacin ina gida ina haɗa aikin kammala difloma a fannin kwamfuta. An ce kowa ya gina manhaja mai amfani. Sai na gina wadda za ta ɗauki muryar Baba yana tafiya, ta riƙa alamta inda yake tsaye a taswira, in kuma ɗauki hoton duk bishiyar da ya nuna. Mutum zai ce me ya hana a ɗauki murya kawai. An gwada. Abin da aka samu shi ne Baba yana cewa "daga nan zuwa can, ka karkata nan," kuma ba wanda ya san ina ne nan ɗin. Rubutu ma an gwada, sai dai Baba kamar mai tilawa yake bin iyakar. In ka tsayar da shi ka ce "me ka ce?" zaren ya tsinke, sai wata safiyar.

Dole in koma baya kaɗan, don in ba haka ba laifina ba zai fito ba.

Ni 'yar littattafan soyayya ce. Tun ina firamare nake ɓoye su a ƙarƙashin tabarma, na haya da na aro, masu bangon da ya sha hannu. A cikinsu na koyi cewa in tsoro ya zo, wani ne zai ɓullo a farar mota ya kawar da shi. Da na shiga makaranta Yaya, babban wanmu da ke aiki a birni, ya ba ni tsohuwar laftof ɗinsa, da sharaɗin in ya ga littafin banza ko ɗaya a ciki zai karɓe abinsa. Kuma yana dubawa duk zuwan da ya yi.

Wata rana a aji malami yana bayanin wasu fayiloli da ake kira laburare. Ya ce manhaja ba ta ɗaukar komai a kanta, akwai ayyukan da take aro a wurin waɗannan fayiloli idan buƙata ta taso, kamar yadda mace ke aika a aro mata rariya a maƙwabta. Ya rubuta sunan ɗaya a allo. Sunan dogo ne, ba daɗin faɗi, amma a ƙarshensa akwai ɗigo, sannan haruffa biyu: so.

Dariya ta ƙwace mini.

"Malama, me aka yi?"

"Ba komai, Malam."

"Ba irin son da kike tunani ba ne," in ji shi, aji ya ɗauka gaba ɗaya. Ƙawata da ke gefena ta mintsine ni ta ce, "Ke kam ko a lissafi sai kin tono shi."

A ranar dabara ta zo mini. Littattafan da nake samu ta waya, na canja musu suna, na sa duk suka ƙare da so, na zuba su a wata ƙaramar folda can cikin kayan da muke gina manhaja da su, inda na tarar da irin waɗannan fayiloli guda uku zaune. Yaya ya duba laftof sau ba adadi, bai taɓa buɗe wurin ba. Na ji daɗin wayona ƙwarai. Har nakan ce a raina, duk abin da ya ƙare da so ba ya ɓaci.

To ana saura 'yan makonni damina, Inna ta tafi barka ta bar mini Baba yana gyangyaɗi a zaure. Na buɗe wani littafi, an kai inda jarumar ke jiran amsar wasiƙa. Ban san tsawon lokacin da na ɗauka ba. Da na ɗago, buzunsa ne kawai a zaure, takalmansa ma suna nan.

Ban taɓa gudu irin na ranar ba. Ƙasa ta yi zafin da ba a taka ta, shi kuwa ba takalmi. Rijiyoyi na fara bi. Kowace na isa sai in rufe ido kafin in leƙa. A ta uku na zauna a bakinta ina kiran sunan Allah. Can na hango maƙwabcinmu na gona, wani dattijo Kirista da suka yi ƙuruciya tare da Baba, yana riƙe da hannunsa suna tahowa a hankali. Ya cire nasa takalman ya sa masa.

"Kwantar da hankalinki, 'yata," in ji shi. "Ɗan naki ne ya zo zance gidana, ya manta ba ni da budurwa."

Baba ya yi dariya. Tafin ƙafarsa kuwa duk ya yi bororo.

Da na gama shafa masa man shanu, na buɗe laftof. Na shiga foldar nan, na zaɓi duk abin da ya ƙare da so, na goge. Na bi su kwandon shara na sake gogewa don kada zuciya ta ja ni. Na yi alkawari tsakanina da Allah. Ban tuna da ukun nan da na tarar a wurin ba. Kuma komai ya ci gaba da aiki lafiya, ba abin da ya tuna mini.

Ranar da aka sa, muka fita da sassafe: Baba, ni, mai unguwa, ɗan Baffa, da maƙwabcin nan a matsayin shaida. Allah ya ba mu safiya mai kyau. Baba ya kama sandarsa yana tafe yana faɗi, daga kuka zuwa tsohuwar suri, daga suri zuwa gawo biyu. Ina biye da waya ina ɗaukar hoton duk abin da ya nuna. Mun gama gabas, mun gama kudu, mun ci rabin yamma. Arewa ce mai maganar, ita ce ke gaba. Sai na ji waya ta yi zafi a hannuna. Na taɓa, ta ƙi motsi. Fuskarta ta yi baƙi, ta dawo, manhaja ta rufe kanta. Na buɗe. Babu komai, ko kalma ɗaya.

"Baba, tsaya!" Bakina ne ya suɓuce.

Ya tsaya. Ya juyo ya dube mu ɗaya bayan ɗaya, kamar wanda aka tashe shi daga barci a gidan baƙi. Ya ce, "Jana'izar wa za mu?"

Ɗan Baffa ya sunkuyar da kai, na ga shi ma idonsa ya kawo ruwa. Mai unguwa ya ce a mayar da shi gida, a sake sa rana in Allah ya kai mu. Ya ɗaga kai ya dubi sama kafin ya ƙara da cewa, "In ruwa ya bari."

Na san sunan ciwon, an koya mana. Memori iri biyu ne a waya. Akwai wanda kowa ya sani, inda ake ajiye hotuna da waƙoƙi, wannan kamar rumbu yake. Akwai kuma wanda manhaja ke baza kayanta a kai lokacin da take aiki, kamar tabarmar shanya. In ta gama da abu ya kamata ta kwashe. In tana bazawa ba ta kwashewa, tabarma ta cika, waya sai ta kore ta. Malaminmu yoyo yake ce wa wannan. Ba a ganin yoyo da ido. Akwai ma'aunin memori a cikin kayan aikinmu, ana haɗa waya da laftof da kebul, shi kuma ya nuna abin da ke taruwa da inda yake fitowa.

Na haɗa, na danna ma'aunin. Ya ɗan yi juyi, sai jan rubutu ya fito. Ya ce bai ga wani fayil ba. Na karanta sunan a hankali har ƙarshe. Ɗigo, so.

Na daɗe ina kallon haruffan biyu. Wannan fayil shi ne ɗan aiken da ma'aunin ke turawa cikin waya ya zauna a jikin manhaja yana ƙirga abin da take ɗauka da abin da take saki. In ba shi, ma'aunin makaho ne. Kuma ni na goge shi da hannuna, ranar da nake ganin na tuba.

Inna ta leƙo ta ga fuskata. "Lafiya?"

"Inna, wani abu na goge."

"To ki sake rubutawa mana. Ba ke kika rubuta ba?"

"Wannan ba ni na rubuta ba. Na aro ne."

"Kayan aro kika ɓatar?" Ta riƙe haɓa. "To sai ki je ki faɗa wa masu shi."

Sabis a ƙauyenmu sai an hau tudun maƙabarta, shi ma na gaisuwa ne kawai. Sauke kayan aikin gaba ɗaya daga farko zai ci kwanaki da ba ni da su. Na kira ƙawata ta aji, na faɗa mata komai, har da inda na ɓoye littattafan. Ta yi dariya har da tari.

"Wato kin saki mazanki talatin, kika haɗa da maigadi!"

"Don Allah ki bar wasa. Hadari nake gani."

Ta ce in nemi inda sabis yake da ƙarfi, za ta turo mini nata.

Washegari na hau babur zuwa Bagwai da laftof a goye cikin hijabi. Na zauna a inuwar wani shago kusa da dogon ƙarfen sabis. Fayil ya shigo, na sa shi a mazauninsa, na haɗa waya. Jan rubutu ya sake fitowa, wannan karon ya ce fayil ɗin ba irin na wayar ba ne. Ashe shi ya sa suke uku. Kowane da irin ƙwaƙwalwar wayar da yake shiga, tawa kuwa tsohuwar ƙira ce, ƙawata ta turo na sababbi. Na kira ta, waya a kashe. Tana ɗakin jarrabawa.

Ina zaune iska ta canja. Wanda ya tashi a ƙauye ya san wannan iskar, mai sanyi-sanyi da ƙanshin ƙasa. Gabas ta yi baƙi ƙirin. Masu shago suka fara shigar da buhuna suna murna, wani yana cewa, "Yau kam sai shuka!" Ni kuwa ina rungume da laftof ina karanto duk addu'ar da na sani, ina jin kunyar abin da nake roƙo. A littattafaina a nan ne mota ke tsayawa a sauke gilashi. Abin da ya tsaya gabana akuya ce, ta ci ɓawon mangwaro ta wuce.

Aka yi yayyafi, ɗigo manya-manya da suka tada ƙura, sannan iska ta kwashe hadarin ta yi yamma da shi. Mutane suka yi tsaki. Ni na sa fuska a hijabi na yi kuka, ban san ko na godiya ba ne ko na tsoron Allah.

Bayan la'asar ƙawata ta kunna waya ta turo sauran biyun. Na sa su. Na danna. Ba jan rubutu. Wani layi ya bayyana yana tafiya a kwance, shuɗi, kamar zare. Na kunna manhajata na fara zagaya shagon ina yi kamar ina bin Baba. Murya ba ta motsa layin ba. Taswira ma haka. Na ɗauki hoton turmin mai shago, layi ya hau mataki ɗaya. Na jira ya sauko, bai sauko ba. Na ɗauki na babur, ya ƙara hawa. Hoto goma, matakala goma, ba wadda ta sauka.

Ma'aunin ya nuna mini wurin. Ni na rubuta shi. Kowane hoto da aka ɗauka, na sa manhaja ta riƙe shi da cikakken girmansa a kan tabarma, wai don a ƙarshe ta jera su su fito da kyau kamar bangon littafi. Na gyara ta yadda da an ɗauka za ta kai shi rumbu ta saki. Na kuma sa ta riƙa ajiye murya tana tafiya, ba sai an gama ba. Na sake zagaya shagon har mai shi ya ce, "Hajiya, ko turmin nan za ki saya ne?" Layi na hawa yana sauka, yana hawa yana sauka, kamar ƙirjin mai barci.

Sai kuma jiran Baba. Kwana biyu bai san Inna ba. Ya ƙi koko, yana cewa a kai shi gida. Kowace yamma hadari na haɗuwa yana watsewa. A rana ta uku na fito da asuba na tarar da shi ya yi alwala da kansa, yana faɗa wai an bar igiyar guga a ƙasa. Na aika wa mai unguwa ko karyawa ban yi ba.

Na roƙi a fara ta arewa. Maƙwabcinmu ya girgiza kai. "Ba a fara masa karatu daga tsakiya, 'yata. Bar shi ya ɗauko daga kuka."

Muka ɗauko daga kuka. Gabas ta riga ta yi duhu tun da safe, iska na kaɗa rigar Baba. Ina tafe ina taɓa bayan wayar da yatsa ina jin ko ta fara zafi. Mun wuce suri. Mun wuce gawo biyu. Da muka iso inda ta mutu wancan karon na ƙura mata ido. Ta wuce. Muka karya kwana muka shiga arewa.

Baba ya iso gindin ɗorawa ya tsaya. Ɗan Baffa ya gyara tsayuwa. Baba ya dafa bishiyar. Na ga idonsa ya fara irin yawon nan da na sani. Ya juyo yana nema, ya sauke shi a kaina.

"Uwata," in ji shi, da wata ƙaramar murya, "kada ki yi fushi. Yaya ne ya ce mu binne shi."

Ban san me ake nufi ba. Mai unguwa ya buɗe baki, maƙwabcinmu ya dafa hannunsa. Na yi abin da ban taɓa yi ba, na amsa masa a matsayin wadda yake gani.

"Ban yi fushi ba. A ina kuka binne?"

"Dutsen niƙanki. Ya ce gamba na tafiya, dutse ba ya tafiya."

Ya saki ɗorawa ya miƙe cikin kwarin, yana ƙirga taku a bakinsa. Muka bi shi, waya na ɗauka. Ya wuce inda ɗan Baffa ya ce, amma bai kai inda Inna ta saba nunawa ba. A tsakani ya tsaya, kusa da wani kututturen marke, ya caka sandarsa.

Ɗan Baffa da kansa ya karɓi fartanya. Bai yi kamu biyu ba ƙarfe ya yi ƙara. Ya share ƙasa da hannu. Ga dutsen nan, mai kwarmi a tsakiya, ya sha niƙa har ya yi sulɓi. Ya daɗe durƙushe a kansa, sannan ya ce, "Baba, mun gani. Allah ya jiƙan magabata." Rabin kwarin da ɗoriya namu ne, saura nasu. Na ɗauki hoto na ƙarshe, na danna ajiye, na buɗe na tabbatar, na sake buɗewa.

Ba mu kai gida ba ruwa ya tsuge. Washegari kowa ya fita shuka.

Fayilolin nan uku yanzu suna wuri huɗu, har da wani memori da na ƙulle a bakin zanen Inna na cikin adaka. Littattafan kuwa, alkawarin bai kai kaka ba, sai dai yanzu da sunansu nake ajiye su, kuma ba na buɗewa sai Inna na gida.

Baba bai sake taka gonar ba. Da dawa ta fara fitar da kai, wata safiya na zauna kusa da buzunsa na kunna masa abin da muka ɗauka. Ya kasa kunne sosai, yana gyaɗa kai a kowace bishiya, daga kuka zuwa suri, daga suri zuwa gawo biyu. Da aka zo kan dutse ya ɗaga yatsa.

"Uwata, wane ne wannan tsohon?"

Na ce wani ne ɗan unguwarmu.

"A riƙe shi da kyau," in ji Baba. "Ya san gonar nan."